Umar M. Shareef da waƙar fim: me ke faruwa a situdiyo kafin a kunna kyamara?

Idan ka taɓa tsayawa a tashar Mando kana jiran mota ta cika, da wuya ba ka ji muryar Umar M. Shareef tana fitowa daga wayar wani ko sifikar mai tura waƙoƙi ba. Ɗan Rigasa ne, nan cikin Kaduna. Ya daɗe yana rera wa finafinan Kannywood waƙa kafin ya fito jarumi a fim ɗin Mansoor na 2017, wanda Ali Nuhu ya ba da umarni.

Abin da masu kallo da yawa ba su lura da shi ba shi ne, a Kannywood waƙa kan riga ɗaukar hoto. Ana ba mawaƙi labarin, ya rubuta baiti daidai da halin da jarumi zai shiga, ko begen masoyiya ko rabuwa. Sai mai kiɗa ya zauna gaban fiyano da kwamfuta, ya fara ɗora ganga, ya bi da sauran sautuka ɗaya bayan ɗaya, kowanne a layinsa. Murya ce ke shiga daga baya, a gyara ta da Auto-Tune. Ranar ɗaukar fim, kunna waƙar ake yi, jarumai su bi da baki. Shi ya sa Mansoor ya zo wa Shareef da sauƙi ta wannan fuska: bakinsa ne, muryarsa ce.

Salon ya samo asali tun ƙarshen shekarun 1990, lokacin da fiyanon Yamaha ya shiga situdiyoyin Kano, na'ura ɗaya ta maye gurbin tawagar makaɗa. Waƙar fim ɗin Sangaya na 1999 ta nuna wa furodusoshi cewa waƙa kaɗai tana iya sayar da fim.

Sai dai akwai giɓi, kuma a ganina babba ne. Mun ƙware a waƙa, amma kiɗan da ke tafiya a ƙarƙashin magana, wanda ke sa gabanka ya faɗi kafin mugu ya buɗe ƙofa, har yanzu bai samu kulawa ba. Sau nawa ka ji sautin fiyano iri ɗaya a wurin mutuwa da wurin sakin aure? A Indiya, A.R. Rahman ya haɗa biyun: a 2009 ya karɓi Oscar biyu kan Slumdog Millionaire, ɗaya na waƙa, ɗaya na kiɗan fim. Shi ma da kiɗan talla ya fara.

Wannan giɓin wayarka na iya gwada cike shi. Sauke BandLab, kyauta ce, ko FL Studio Mobile idan za ka iya biya. Ɗauki minti ɗaya na wani fim, kashe sautinsa, ka ɗora naka. Sa abin ji a kunne, domin sifikar waya tana haɗiye ƙananan sautuka. Ka kuma bar wasu daƙiƙoƙi babu kiɗa ko kaɗan, ka tura wa aboki ka ji a ina ya fi tsorata.