Shekarar da Labule Ya Yage a Ƙasar Kurfai

Masu kallon finafinan almara na ƙasashen waje sun saba da wani salon labari: sama ta tsage, ko ƙasa ta dare, sai wasu halittu su ɓullo daga wata duniya su hargitsa rayuwar mutane. Matasa da yawa na ɗauka cewa Turawa ko Japanawa ne suka ƙago wannan tunani. Amma a ƙasar Kurfai, cikin kwarin Dallol Bosso, mutane sun ba da irin wannan labari shekara ɗari da ta wuce, kuma har sojojin Faransa sai da suka shiga cikinsa.

'Yan bori sun daɗe da tsara duniyar iskoki. A faɗarsu akwai wani birni da ido ba ya gani, sunansa Jangare, mai gidaje goma sha biyu, da sarki da fadawa da malamai da maharba. Kowane iska an san gidansu, an san kiɗansa da tufarsa da dabbar da yake so. Idan mai goge ya ja taken Ɗan Galadima ko na Inna, kowa a fage ya san wanda zai hau doki. Duniya ce mai ƙofa da ƙa'ida, babu mai shigowa ba sallama.

A shekarar 1925 wannan ƙa'ida ta karye. A garin Shikal, kusa da Filinge, wani iska da ba wanda ya taɓa sani ya hau kan wata mata mai suna Shibo. Ba a daɗe ba samari da 'yan mata suka bi sahu. Waɗannan baƙin iskoki sun ce daga Bahar Maliya suka fito, shugabansu kuma Istambula. Wanda suka hau sai idonsa ya juye, kumfa ta cika masa baki, ya miƙe ƙyam yana tafiyar soja, yana sara wa na gaba da shi, yana ba da oda da gurɓataccen Faransanci. Wani ya ɗauki bindigar icce, wani ya kara wutar yayi a ƙirjinsa don a ga cewa ba mutum ne a wurin ba. Akwai gwamna a cikinsu, akwai janar, da likita, da kofur mai gadi. Hausawa suka kira su Babule, a ƙasar Zabarmawa sunan Hauka ya fi bin su.

Me ya sa Kurfai, me ya sa a lokacin? Amsar tana cikin abin da ya faru da ƙasar a shekaru ashirin da biyar da suka gabata. Faransawa sun zo a farkon ƙarni na 20, suka tarar da Kurfayawa ba su saba da sarki guda mai iko a kan kowa ba. Suka ɗora Gado Namalaya a Filinge, suka danƙa masa karɓar haraji da tara mutane. Daga nan aikin tilas ya shigo, aka ɗebi samari soja lokacin yaƙin duniya na farko, ga yunwar 1913 zuwa 1914 da ta ci rayuka a duk faɗin Sahel. Manomi ya wayi gari wani mai jar hula da bulala ya fi dattijon gari iko. Tsohon tsari ba shi da sunan da zai kira wannan sabon ƙarfi, sai ga shi ya bayyana a fagen bori da kakinsa da muƙamansa.

Babule ba su tsaya a rawa ba. Mabiyansu sun bijire wa sarkin da aka naɗa musu, suka ƙi haraji da aikin tilas, wasu suka fita daji suka kafa ƙauyukansu. Kwamandan Yamai na wancan lokaci, Horace Crocicchia, ɗan tsibirin Korsika, ya sa aka kamo Shibo da mutanenta aka kulle su, aka azabtar da su don su ce babu wasu iskoki. A ruwayar mabiya, a cikin kurkukun ne wani sabon iska ya sauka, suka fasa bangon laka suka fita. Sunan wannan iska Korsasi, ana kuma ce masa Kwamanda Mugu. Mutumin da ya yi niyyar toshe ɓarakar, shi kansa aka mayar da shi ɗaya daga cikin waɗanda suka shigo ta cikinta.

Kora da ɗauri sun ƙara watsa abin. 'Yan ci-rani suka kai Babule har Gwalkwas, Gana ta yau. A can ne Jean Rouch ya ɗauki bikinsu a wajen birnin Ankara a 1954, ya fitar da fim ɗin Les Maîtres fous a 1955, hukumar mulkin mallaka ta Ingila kuma ta hana nuna shi. Masana kamar Finn Fuglestad da Nicole Echard da Paul Stoller sun yi rubutu a kai, har yau kuma ana muhawara: tawaye ne, ko addini, ko hanyar warkar da zukatan da mulki ya raunata?

Ba sai mutum ya yarda da bori ba kafin ya ga darajar wannan tarihi. Malamai sun yi tir da shi tun a lokacin, kuma suna da hujjarsu. Amma talakawan da ba su da jarida ko majalisa sun ajiye shaidar abin da aka yi musu a cikin jikinsu, da tafiyarsu da muryarsu. Abin takaici shi ne yawancin abin da aka rubuta a kan Shibo yana cikin Faransanci da Turanci, ɗan makaranta a Filinge kuwa zai iya gama karatu bai ji sunanta ba. Jikokin waɗanda suka ga abin suna nan a Shikal da kewaye. Ya kamata ɗaliban Jami'ar Abdou Moumouni da cibiyar bincike ta IRSH su je su naɗi bakinsu da Hausa, a buga, a karanta a gidajen rediyo, tun kafin tsofaffin su ƙare.