Daga Allon Sinima Zuwa Falon Gida: Lucille Ball da Ƙaurar 'Yan Fim Mata Zuwa Talabijin

Ranar 15 ga Oktoba, 1951, da tashar CBS ta fara nuna shirin I Love Lucy, tauraruwarsa Lucille Ball tana da shekara 40 a duniya. Ta yi kusan shekara ashirin tana fitowa a fina-finan Holiwud, akasari na ƙaramin kasafi a kamfanin RKO, ba ta taɓa shiga sahun manyan taurari ba. A wancan zamani kuwa, macen da ta kai arba'in a harkar, sai ta fara shirin fitowa a uwa ko goggo.

Ba ita kaɗai ta yi wannan ƙaura ba. Loretta Young, mai lambar Oscar, ta koma talabijin a 1953, Donna Reed ta bi sahu a 1958. Abin da ya koro su daga sinima ba ɓoyayye ba ne. A 1948 Kotun Ƙolin Amurka ta yanke hukuncin da ya raba manyan kamfanonin fim da gidajen sinimarsu, kasuwar da a da suke da tabbas a kanta. Ga kuma akwatin talabijin yana mamaye gidaje: a 1950 gida ɗaya cikin goma ma bai cika ba, zuwa 1960 kusan tara cikin goma sun mallaka. Kamfanoni suka rage fim, suka sallami 'yan wasan da suke biya albashi.

Ita kuwa talabijin, masu talla ne ke riƙe da akalarta. Kamfanin sigari na Philip Morris ne ya fara ɗaukar nauyin shirin Ball. Abin da irin waɗannan ke nema shi ne fuskar da iyali suka sani, wadda za a bari ta shigo falo kowane mako. Shekarun da suka zama aibi a sinima, a nan suka zama jari.

Sai dai tallafin ya zo da sharaɗi: a koma kicin. Reed, wadda ta ci Oscar a fim ɗin From Here to Eternity, ta shafe shekara takwas tana fitowa a matar likita mai kula da yara. Lucy ta cikin shirin Ball matar aure ce mai ƙulle-ƙullen shiga harkar wasa, mijin kullum yana taka mata burki. Ko da Ball ta samu juna biyu aka saka shi a labarin, tashar ta hana furta kalmar juna biyu ƙarara. Amma daren haihuwar, 19 ga Janairu, 1953, mutum miliyan 44 suka kalla, fiye da waɗanda suka kalli rantsar da Shugaba Eisenhower washegari.

A ganina, ribar gaske ba a gaban kyamara take ba. Lokacin, yawancin shirye-shirye kai tsaye ake watsa su daga New York. Ball da mijinta Desi Arnaz, ɗan asalin Kuba, suka dage sai dai a ɗauki nasu a kan fim a Kalifoniya, da kyamara uku, gaban 'yan kallo. Hakan ya fi tsada, sai suka yarda a rage musu albashi, su kuma kamfaninsu Desilu ya mallaki fina-finan. CBS ta ɗauka ta ci riba. Ba ta hango cewa shiri ɗaya za a yi ta maimaita shi ana sayarwa ba. Daga baya da miliyoyin daloli ta sayo kayan.

A 1957 Desilu ya saye filayen ɗaukar fim na RKO, gidan da Ball ta taɓa zama ƙaramar ma'aikaciya. Bayan aurensu ya mutu a 1960, ta sayi kason Arnaz a 1962, ta zama mace ta farko da ta shugabanci babban kamfanin shirye-shirye a Holiwud. A ƙarƙashinta aka fara Star Trek da Mission: Impossible, duka a 1966. Shekara guda bayan nan ta sayar da kamfanin ga Gulf and Western kan dala miliyan 17, ta ci gaba da fitowa a Lucy har 1974.