Biniam Girmay da koriyar riga: Me ya hana yaran Bagwai shiga tseren keke?

A Bagwai keke kayan aiki ne. Da shi ake tafiya gona, da shi ake ɗauko albasa da tumatir daga lambunan dam ɗin Watari, da shi ɗalibi ke tafiya makaranta. Amma ka ce wa matashi a Kiyawa ko Rimin Dako akwai masu cin abinci da tuƙa keke, har su yi suna a duniya, sai ya yi maka dariya. To, ga labarin wani ɗan Afirka da ya tabbatar da hakan.

Sunansa Biniam Girmay, an haife shi a Asmara, babban birnin Eritiriya, a shekarar 2000. A 2018, yana ɗan shekara 17, ya lashe zinare uku a gasar matasa ta Afirka da aka yi a Ruwanda. Daga nan ya samu gurbi a cibiyar horarwa ta hukumar tseren keke ta duniya, UCI, da ke garin Aigle a Suwizalan. A 2019 ya ci zango ɗaya a gasar Tropicale Amissa Bongo ta Gabon, a 2021 kuma ya zo na biyu a gasar duniya ta 'yan ƙasa da shekara 23 a Beljiyam.

Shekarar 2022 ce ta fito da shi sarari. A watan Maris ya lashe Gent-Wevelgem, ɗaya daga cikin manyan tseren yini guda na Beljiyam. A watan Mayu ya ci zango na 10 a Giro d'Italia. Sai dai murnar ta zo da tsautsayi: a kan dandamalin karrama shi, murfin kwalba ya fallo ya buge shi a ido, dole ya janye daga gasar.

Sai babbar magana, Tour de France ta 2024: mako uku, zango 21, tafiyar kusan kilomita 3,500. Ranar 1 ga Yuli, a birnin Turin na Italiya, Biniam ya zama baƙar fata ɗan Afirka na farko da ya ci zango a tarihin gasar. Ya ƙara cin biyu, na 8 da na 12, sannan ya kammala da koriyar riga, wadda ake ba wanda ya fi tara maki. Babu ɗan Afirkan da ya taɓa lashe ta kafin shi.

Ba daga sama ya faɗo ba fa. Tun zamanin mulkin mallakar Italiya keke ya shiga jinin mutanen Eritiriya. Ana rufe tituna a Asmara a yi tsere, jama'a su cika gefen hanya suna kallo. Yaro na da ƙungiyar shiga, da tseren gwada kansa, da na gaba da zai yi koyi da shi, irin su Daniel Teklehaimanot da ya shiga Tour de France a 2015. Wato akwai tsani, hawa bayan hawa.

Mu kuma fa? 'Yan soshiyal midiya ba za su manta da Ese Ukpeseraye ba, 'yar jihar Delta da ta zama zakarar Afirka a tseren kan titi a 2023. Ta wakilci Najeriya a gasar Olamfik ta Paris a 2024, amma da aka zo tseren cikin fili sai da tawagar Jamus ta ara mata keke. An yi ta caccakar hukumomi na 'yan kwanaki, daga nan kowa ya koma kallon ƙwallo. Alhali tun 2003 muke da filin tseren keke a babban filin wasa na Abuja.

Gaskiyar magana, ƙarfin ƙafa ba shi ne matsalarmu ba. Yaron da ke tura buhu biyu a kan keke cikin rairayi ba juriya ya rasa ba, wurin gwaji ya rasa. Idan ba a taɓa auna gudunsa da agogo ba, wa zai san abin da zai iya?

Kuma matakin farko ba sai an jira Abuja ba. Ƙungiyoyin matasan da ke shirya kofin ƙwallo duk hutu za su iya shirya tseren kilomita 10 ko 20 a kan kwalta, da izinin ƙaramar hukuma da jami'an kiyaye haɗurra, da hular kwano ga kowane ɗan tsere. A raba rukuni bisa shekaru, a rubuta sunaye da lokacin kowa, a ɗora bidiyo a Facebook da TikTok. Idan aka maimaita duk wata, za a ga wanda ke ci gaba, kuma da wannan takardar sakamako ake tunkarar hukumar wasanni ta jihar Kano.

A watan Satumban 2025 aka yi gasar tseren keke ta duniya a Kigali, karo na farko a ƙasar Afirka. Harkar ta matso kusa da mu. Saura a samu waɗanda za su ja layin farko a Bagwai, su busa usur.