Karatu uku kan shari'ar manyan masu laifi

Mu 'yan kasuwar Sae Sabuwa mun sha jin sunan kotun duniya ta Hague a rediyo. Ga abin da ya kamata yaranmu 'yan boko su karanta mana. Na farko, Yarjejeniyar Roma ta 1998, wadda ta kafa kotun. Na biyu, hukuncin Ahmad al-Mahdi, wanda Nijar ta miƙa a 2015, aka ɗaure shi shekara 9 saboda rusa hubbaren waliyyan Tumbuktu. Na uku, littafin Reed Brody kan Hissène Habré na Chadi, wanda shaidar matan da aka zalunta ta taimaka wajen ɗaure shi rai da rai a Dakar a 2016.

A 2025 Nijar ta sanar da ficewa daga kotun Hague. To, wa zai bi kadin talaka? Mu karanta, mu tambayi mahukunta.