Louis Mahoney: Ɗan Gambiya da ya bar karatun likita ya shafe fiye da shekara 50 a talabijin ɗin Birtaniya

A watan Yunin 2020, lokacin da zanga-zangar kisan George Floyd ta tsallaka daga Amurka zuwa Turai, kamfanin UKTV na Birtaniya ya janye wani tsohon shirin barkwanci daga dandalinsa na intanet. Kashi na shida ne na Fawlty Towers, mai suna The Germans, wanda aka fara nunawa a watan Oktoban 1975, kuma dalilin janyewar shi ne kalaman cin mutuncin baƙar fata da Indiyawa da wani tsohon soja ke furtawa a ciki. An yi ta cacar baki, John Cleese da ya rubuta shirin tare da Connie Booth ya fito ya yi tir da matakin, bayan ƴan kwanaki aka mayar da shi da gargaɗi a farkonsa. Baƙar fata ɗaya ne ya fito a wannan kashi, a matsayin likita. Sunansa Louis Mahoney, kuma kafin watan ya ƙare, ranar 28 ga Yuni, ya rasu yana da shekara 81.

Ko a Ingila, mutane da yawa sun san fuskarsa ba su san sunansa ba.

An haifi Mahoney ranar 8 ga Satumban 1938 a Gambiya, tun ƙasar na hannun Turawan Ingila. A 1957 ya tafi Landan da niyyar karatun likita, irin tafiyar da dangi ke ɗora wa dukkan burinsu. Amma bai ƙarasa ba. Ya ajiye littattafan likitanci ya shiga makarantar koyon wasan kwaikwayo ta Central School of Speech and Drama. Duk wanda ya taɓa barin gida da sunan karatu ya san nauyin wasiƙar da za a rubuta wa iyaye a ce an canza hanya, balle a ce an bar asibiti an koma wasa.

Ingilar da ya tarar ba ta yi wa baƙi shimfiɗar fuska ba. Shekara ɗaya da isarsa, a 1958, gungun matasa fararen fata suka far wa baƙaƙen da ke zaune a unguwar Notting Hill ta Landan. A wannan shekarar ce kuma BBC ta fara shirin The Black and White Minstrel Show, inda Turawa ke shafa baƙin fenti a fuska suna rawa da waƙa, shirin da bai tsaya ba sai 1978. Dokar da ta hana nuna bambancin launi wajen ba da hayar gida ko ɗaukar aiki sai a 1968 ta zo. Ko rawar Othello, wadda Shakespeare ya rubuta a kan baƙin mutum, fari ake ba wa: Laurence Olivier ya yi ta da fenti a fim ɗin 1965, kuma har a 1981 Anthony Hopkins BBC ta zaɓa.

A haka Mahoney ya fara neman abinci. Ya yi wasan daɓe a garin Colchester, sannan a 1967 ya shiga Royal Shakespeare Company, yana cikin baƙaƙen farko da wannan babban gida ya ɗauka. A talabijin kuwa ƙananan rawa ya riƙa samu, fitowar minti biyu ko uku, yau a wannan shiri gobe a wancan.

Rawarsa a Fawlty Towers ita ce aka fi tunawa, kuma ta cancanci a tsaya a kanta. Shirin labarin wani mai otal ne, Basil Fawlty, mutum mai girman kai da saurin fushi. An kwantar da matarsa a asibiti za a yi mata aikin farcen ƙafa, sai ga likita ya shigo: Dakta Finn, baƙar fata. Basil ya zabura ya ja da baya kamar ya ga abin tsoro. Likitan bai ko nuna ya lura ba, ya ci gaba da bayaninsa cikin natsuwa. Daga baya Basil ɗin da kansa ya bugu a kai aka kawo shi hannun wannan likita. A cikin kashin da kusan kowa ke shirme, mutumin Afirka ne mai hankali da ilimi, dariyar kuma a kan Bature take faɗawa. A 1975 wannan ba ƙaramin abu ba ne. Akwai kuma abin murmushi a ciki: rigar likitan da ya ƙi sawa a rayuwa, ita ce ta sa aka san shi.

Masu bin Doctor Who, shirin nan na tafiya cikin zamani da ya fara tun 1963, sun gan shi sau uku. A 1973 ya fito a matsayin mai karanta labarai a ƙarni na 26, a 1975 ya fito a matsayin Ponti, ma'aikacin jirgin sama jannati da ya mutu tun labarin bai yi nisa ba. Sai bayan shekara 32 aka sake kiransa, a kashin Blink na 2007 da Steven Moffat ya rubuta. A nan ya taka Billy Shipton, wani ɗan sanda da ya haɗu da budurwa ya karɓi lambar wayarta, nan take aka jefa shi baya zuwa 1969. Ya rayu duk waɗannan shekaru yana jira, har ranar da ya kira ta, ita ba a jima da rabuwarsu ba, shi kuwa tsoho ne a gadon asibiti, yana da saƙo da zai isar kafin ya cika. Michael Obiora, ɗan asalin Najeriya, shi ya yi Billy yana saurayi, Carey Mulligan ta yi budurwar. Fitowar Mahoney ƴan mintoci ce, amma tana cikin abin da ya sa ake lissafa Blink a sahun gaba na shirin, har ya ci kyautar Hugo a 2008.

Sai dai babban aikinsa ba a gaban kyamara ya yi shi ba. A 1976 ya haɗu da marubuci Mike Phillips da ƴar wasa Taiwo Ajai suka kafa Black Theatre Workshop, domin baƙaƙen ƴan wasa su samu inda za su yi nasu labaran ba tare da jiran wani ya tuna da su ba. Ya kuma daɗe yana wakiltar ƴan Afirka da Asiya a majalisar Equity, ƙungiyar ƙwadagon ƴan wasan Birtaniya.

Rikicin da ya fi zafi a ƙungiyar shi ne na Afirka ta Kudu. A 1976 ne talabijin ya fara aiki a can, gwamnatin wariyar launin fata kuma na buƙatar shirye-shiryen Ingilishi. Equity ta hana a sayar mata da shirye-shiryen da mambobinta suka fito a ciki. Matakin ya taɓa aljihun mutane, domin duk shirin da aka sayar waje ƴan wasa na da kasonsu, wasu mambobin har kotu suka kai ƙungiyar suna cewa siyasa ba huruminta ba ce. Mahoney ya kafa Performers Against Racism don kare wannan matsayi. Takunkumin ya tsaya har 1993, lokacin da mulkin wariya ya kama hanyar rushewa. Daga 1994 zuwa 1996 ya riƙe muƙamin mataimakin shugaban Equity.

A sinima ma ya leƙa. Ya fito a matsayin jami'in gwamnatin Lesotho a Cry Freedom na 1987, fim ɗin Steve Biko da Denzel Washington ya taka, ya fito a Shooting Dogs na 2005 kan kisan ƙare dangi na Ruwanda, yana kuma cikin ma'aikatan jirgin ruwan da ƴan fashin Somaliya suka kama a Captain Phillips na 2013. Wanda ke da wannan fim a wayarsa zai iya komawa ya duba dattijon da ke tsakanin ma'aikatan Tom Hanks.

Bai yi ritaya ba. A 2012 ya taka Leo, wani tsohon wanzami a shirin Being Human na BBC, ya kuma ci gaba da karɓar aiki har ya kusa cika shekara 80. Da labarin rasuwarsa ya fito, Equity ta yi ta'aziyyarsa a matsayin wanda ya ja ragamar yaƙi da wariyar launi a cikin ƙungiyar, jaridun Ingila kuwa yawancinsu da sunan Fawlty Towers da Doctor Who suka buɗe labarin.