Jean Rouch da Majigin Masunta da Mafarauta

A cikin Turawan da suka ɗauki majigi a ƙasar Nijar, da wuya a sami wanda ya kai Jean Rouch naci. An haife shi a Faris cikin 1917, ya zo Nijar cikin 1941 yana injiniyan hanyoyi. Daga baya ya bar wannan aiki, ya koma bin ƙananan ƙungiyoyi masu asirin sana'a, irin su masunta da mafarauta da 'yan bori.

Abin lura a aikinsa shi ne yadda yake mayar wa mutane hotonsu su yi masa hukunci. Da ya nuna wa Sarkawan Ayorou majigin farautar dorina, sai suka soki kiɗan da ya sa a ciki, suka ce kiɗa yana ƙara wa dorina ƙarfin zuciya, don haka farautarta sai da shiru. Bai yi gardama ba, ya cire kiɗan. Ba kowane mai ilmin boko zai karɓi gyara daga masunci ba. Majigin mafarautan zaki da kwari da baka kuwa, shekara bakwai ya yi yana ɗaukarsa kafin ya fito cikin 1965.

Wanda ya fi jawo masa surutu shi ne Les Maîtres fous na 1955, a kan 'yan borin Hauka, waɗanda Hausawa ke kira Babule. Hukumar Ingila ta hana nuna shi a Gana, wasu 'yan Afirka kuma suka ce ya tozarta baƙar fata.

Ya rasu cikin haɗarin mota kusa da Birnin Ƙonni cikin Fabrairun 2004, aka binne shi a Yamai.