Yumɓun da Ya Yi wa Ƙarfe Riga

[Kiɗan buɗe shiri]

Yau tsofaffin benayen Turai da Amurka za mu leƙa, mu ɗaga kai can sama inda furanni da ganyaye da kawunan zakuna suke jere a jikin bango. Mai wucewa zai rantse dutse ne aka sassaƙa. Da yawansu kuwa yumɓu ne aka gasa, wanda magina ke kira tarakota.

Sana'ar ta daɗe. Tun shekaru 2,500 da suka wuce Girkawa da mutanen tsohuwar Italiya ke ƙawata rufin wuraren bautarsu da shi, kuma a ƙarni na 15 dangin Della Robbia na birnin Florence suka yi suna wajen shafa masa ruwan ƙyalli fari da shuɗi. Amma tashensa na gaske sai a ƙarni na 19, kuma hayaƙi da gobara ne suka jawo.

A Landan ta wancan zamani kowane gida da kowace masana'anta kwal suke ƙonawa. Kunkunniya takan baƙanta dutse, ta riƙa cinsa a hankali. Shi ya sa da aka ba Alfred Waterhouse zanen gidan adana tarihin halittu, wanda aka buɗe a 1881, ya lulluɓe shi ciki da waje da gasasshen yumɓu, don ya fi jure wannan iska, kuma yana wankuwa. A ɓangaren yamma ya jera siffofin dabbobi da tsirran da ke raye, a gabas waɗanda suka ƙare daga doron ƙasa. Tun daga bango mai ziyara yake fara karatu.

[Kiɗa]

Sai Shikago. A watan Oktoban 1871 wuta ta tashi a birnin, ta ci gine-gine sama da 17,000, mutane kusan 300 suka rasu, wajen 100,000 suka rasa matsuguni. Magina suka ga abin da ya tayar musu da hankali: ginshiƙan ƙarfen da aka dogara da su sun lanƙwashe sun zube. Ƙarfe ba ya kamawa da wuta, amma in ya sha zafi laushi yake yi. Shi kuwa yumɓu ya riga ya shiga wuta ya fito. Sai aka soma naɗe ginshiƙai da tubalan yumɓu masu rami a ciki.

Daga nan lamarin ya wuce kariya. Da aka fara gina dogayen benaye a kan ƙashin ƙarfe, bango ya daina ɗaukar nauyin gini, ya zama riga kawai, kuma rigar da ake bukata mara nauyi ce. Tarakota ta fi dutse sauƙi, ta fi shi araha, ga shi mazubi ɗaya zai fitar da ado iri ɗaya sau ɗari. Mai zanen gine-gine Louis Sullivan ya yi amfani da wannan dama a benen Guaranty na birnin Buffalo a 1896, inda ganyaye da zane mai sarƙaƙiya suka rufe ginin tun daga ƙasa har rufi. A 1913 aka buɗe benen Woolworth a Niyok, mita 241, wanda ya fi kowane bene tsawo a duniya har zuwa 1930, kuma mafi yawan rigarsa yumɓu ce mai ƙyalli.

To, yaya ake yin sa? Nan ne zan so mu ɗan daɗe.

Gwanin sassaƙa ne ke fara fitar da siffar da hannu. Ba ya yin ta daidai awon da ake so, sai ya ƙara: inda ake neman inci 12, ya yi kusan 13. Duk wadda ta taɓa ginin tukwane ta san dalili, ɗanyar tukunya ta fi gasasshiya girma. Daga siffar a zuba mazubi na filasta. Sannan ma'aikaci ya ɗebo yumɓun da aka cakuɗa da garin tsohon gasasshe don kada ya tsage, ya riƙa danna shi da yatsu da dunƙulen hannu cikin kowane lungu na mazubin, kaurin inci ɗaya da ɗan wani abu. Tsakiyar a bar ta fanko, da 'yan katangu a ciki don ƙarfi. A bari ya bushe sannu a hankali, a fesa masa ruwan ƙyalli, a shigar da shi tanderu mai zafin digiri 1,100 ko sama da haka, ya yi kwanaki. Kowane guntu da lambarsa, domin yana da gurbinsa guda a jikin bene.

Mutanen da suka yi wannan aiki, da yawansu baƙi ne daga Turai, kuma ba a rubuta sunayensu a jikin gini. Ana yabon Sullivan, ya kuma cancanta, amma hannun Kristian Schneider, ɗan asalin Norway, shi ne ya yi shekara da shekaru yana mayar da zanensa na takarda ya zama ganye mai rai a yumɓu. A ganina duk inda aka ambaci ɗaya, a ambaci ɗayan.

[Kiɗa]

Karayar tattalin arzikin 1929 ta tsayar da gine-gine. Da aka farfaɗo, yayi ya sauya zuwa gilashi da kankare marasa ado, masana'antun tarakota suka yi ta rufewa.

Sai matsala ta biyo baya. Da ƙugiyoyin ƙarfe ake rataye guntayen. In aka bar ruwa ya shiga ta tsaga, ƙarfen ya yi tsatsa ya kumbura, sanyin hunturu ya daskarar da ruwan, sai yumɓun ya fashe. Shi kansa benen Woolworth sai da aka sauya masa dubban guntaye. A 1979 wani guntun gini ya faɗo ya kashe wata ɗaliba a Niyok, shi ne a 1980 birnin ya kafa doka cewa duk benen da ya wuce hawa shida sai an duba bangonsa duk bayan shekara biyar. Doka ce mai kyau, rai ya fi ado. Abin da ke ba ni takaici shi ne masu benayen da suka zaɓi fasa adon su zubar, saboda hakan ya fi gyara araha, alhali sakacinsu ne ya bar ruwan ya shiga.

Har yau akwai masu riƙe da sana'ar. Kamfanin Gladding McBean a jihar Kalifoniya, wanda aka kafa a 1875, da Boston Valley kusa da Buffalo, suna karɓar fasasshen guntu, su auna shi, su ƙara masa awon ƙanƙancewa, su danna sabo da hannu a mazubi, a mayar da shi gurbinsa.